Bakano da Tsohuwar Zuma

Alhaji Bakano, salamu alaikum. Ina gajiya, ya kasuwa, ya ƙurar Kwari? Na riga ka gaisuwa ne ba don ka girme ni ba, sai don an ce tun ranar da kwamfutarka ta juya maka baya ko sallamar maƙwabta da ƙyar kake amsawa. Kada ka ɓata lokaci wajen neman wanda ya tsegunta mini. Irin wannan labari ba ya jiran mota ta cika. Da azahar ya bar Kano, da la'asar ya wuce Kwanar Dangora, bayan magariba muna kurɓar shayi da shi a Tudun Wadan Zariya.

Ga yadda ya iso mana. In da ƙari ka rage, in da ragi ni zan cika. Wai ka je ka sayo na'urar kyamarorin tsaro ta gwanjo, irin wadda wani kanti a Turai ya gama cin moriyarta ya yar, don ka riƙa kallon yaran shago daga ofishinka na sama ba sai ka sauko ba. Mai kaya ya faɗi kuɗi, ka taya rabi, ya ce albarka, ka yi kamar za ka tafi, ya kira ka. Ka dawo kana washe baki ka yi ciniki. Da aka jona ta aka buɗe burauza don a ga hoto, sai allo ya yi baƙi ƙirin, ya ce sai an sa wata 'yar manhaja da ake maƙala wa burauzar. Aka sa, shiru kake ji. Yaronka ya yi 'yan dube-dubensa, ya ce maka Firefox ta daina karɓar irin wannan maƙale-maƙale tun 2017, saboda haka ɗayan biyu ne: ko a sayi sabuwar na'ura, ko a koma tsohuwar burauza. Da ya ce "saya" ba ka ji ba, ƙarar janareta ta hana. Da ya ce "tsohuwa" sai kunnenka ya buɗe tar. Ka gyara zaman hula ka ce ai da tsohuwar zuma ake magani.

To, Alhaji, wannan karin magana ban ji ta a bakinka ba a farkon 2023, lokacin da aka ce tsofaffin 'yan ɗari biyu da ɗari biyar da dubu sun kusa zama takardar ƙunshe ƙosai. Kai ne a sahun gaba a ƙofar banki tun kafin ladan ya yi kiran farko, da jakar Bakko a hammata, kana neman sababbi ido rufe. A ranar zumar ba ta da magani ke nan. Ashe ƙaunarka ga tsohon abu tana da sharaɗi: sai in sabon da kuɗi ake samunsa.

Amma bari in yi maka adalci kaɗan, tunda mu Zage-zagi da adalci aka san mu. Ni na san kyamara hujja ce kawai ka samu. Ka daɗe kana jin haushin burauzar nan. A 2014, da ta kai lamba 29 ta sauya fuska, ka kira ni kana tambaya wa ya taɓa maka kaya. A Nuwamban 2017, da lamba 57 ta fito ta sallami tsofaffin maƙale-maƙalenta gaba ɗaya, har da wanda kake sauke karatun malamai da shi, ka yi mako guda kana tsaki. A Yunin 2021 lamba 89 ta sake sauya zani, ka ce in da mace ce da tuni ka kai ƙararta wurin iyayenta. Na fahimce ka. Ɗan kasuwa ne kai, hannunka ya san inda shadda take da inda atamfa take ko an ɗauke wuta. Mutumin da ya saba miƙa hannu cikin duhu ya ɗauko abin da yake so, in aka matsar masa da maɓalli ɗaya daga dama zuwa hagu, ji yake kamar an shiga ɗakinsa an yi shara ba da izininsa ba. Abin da kake kewa ba burauzar 2017 ba ce, sabon hannunka ne. Sai dai kai ba ka tsaya ka bambance ba, ka ce a dawo maka da ta da.

Nan aka fara wasan. Kamfanin Mozilla, masu Firefox, suna da rumbu a intanet inda suka jera duk wani samfuri da suka taɓa fitarwa, har da lamba 1 ta Nuwamban 2004, kyauta, ba ko sisi. Google ma ba ta yi wa masu Chrome wannan karamcin ba. Ita sabuwa kawai take miƙo maka. Wato ka faɗa hannun masu kyauta, abin da Bakano ya fi so a duniya bayan gurasa. Amma da yake rabon a yi mana abin dariya ya rantse, ba can kuka je ba. Kun rubuta "tsohuwar Firefox" a wurin bincike, kuka danna abin da ya fara fitowa, kuka tsinci kanku a wani shafi mai koren maɓalli har huɗu, kowanne yana cewa shi ne na saukewa. Yaron ya ce a dakata a duba. Ka ce a danna mafi girma, ai babba shi ne babba. Abin da ya sauko ya zo da 'yan rakiya kamar amaryar ƙauye: wani sabon wurin bincike da ba wanda ya gayyace shi, da tallan maganin ƙiba, da wani saƙo da ke fitowa kowane minti goma yana taya ka murnar cin waya. An ce har ka tambaya ko wayar da gaske ce.

Abin da ya fi ba ni dariya, bayan duk wannan wahala, ba ma wadda ake nema kuka sauko da ita ba. Lamba 52, wadda ta fito a Maris ɗin 2017, iri biyu ce. Akwai ta kowa da kowa, wadda ita ce ma ta fara rufe ƙofa ga irin maƙalen kyamararka, in ban da Flash da aka ɗaga wa ƙafa zuwa ƙarshen 2020. Akwai kuma wadda ake kira ESR, ta layin masu haƙuri, da aka tanada don ma'aikatu da makarantu da duk wanda ba ya son a riƙa sauya masa fasali kullum. Ita kusan sau ɗaya a shekara take babban sauyi, a tsakani sai ɗinkin ɓaraka kawai. Wannan ta biyun ce ta ci gaba da karɓar tsofaffin maƙale-maƙale. Ku kuma ta farkon kuka ɗauko. Allon kyamara ya ci gaba da zama baƙi, yaran shago suka ci gaba da cin gyaɗa a natse. Na san za ka ce mu Zage-zagi da ba mu bambance "ne" da "ce" ba, ina muka ga bakin yi wa wani gorin bambance abu biyu. Na ji. Amma mu namu kuskuren a baki ya tsaya, bai taɓa cinye mana data ba.

Sai kuma maganar adaka. Kowace burauza tana da wata adaka a cikin kwamfuta, inda take zuba adireshin shafukan da ka ajiye, da kalmomin sirrinka, da tarihin yawonka. Duk lokacin da aka sabunta ta, takan sake tsarin adakar, wani lokaci har da makulli. Sabuwa ta iya karatun rubutun tsohuwa, amma tsohuwa ba ta san hannun sabuwa ba, kamar ka ba kakanka wasiƙar da jikansa ya rubuta a waya. Saboda mutane irinka ne, tun daga lamba 67 a 2019, Mozilla ta sa maigadi: in ka buɗe adakar sabuwa da tsohuwar burauza, sai ya tare ka ya ce a'a, buɗe wata adakar daban. Kai kuma da ka tashi komawa baya sai ka zarce har zamanin da ba a ɗauki maigadin aiki ba. Ba wanda ya tare ka. Ka buɗe, ka tarar wayam. Kalmomin sirri na shekaru, waɗanda ko ɗaya ba ka haddace ba don ka ce ƙwaƙwalwarka ta lissafin bashi ce, sun yi ɓatan dabo. Garin neman gira an rasa ido. An ce ka dubi yaron ka ce, "Kai, ina ka kai su?" Bawan Allah ya rantse har da hawaye.

Washegari da safe ka kunna kwamfuta, sai ka ga tsohuwar taka ta fara komawa yarinya. Ka ce aljanu ne. Ba aljanu ba ne, Alhaji, haka aka gina ta: da ta ji ƙamshin intanet sai ta leƙa gida ta tambaya ko akwai sabon abu, in akwai ta sauko da shi ta sa, tana hawa mataki-mataki, da datarka. Wato ka biya kuɗin sauka, ka kuma biya kuɗin hawa, ka dawo inda ka tashi. A Zariya wannan muna kiransa yawon adaidaita sahu ba fasinja. Maimakon ka gane ishara, sai ka sa aka sake ɗora tsohuwar, aka kuma ɗaure mata ƙafa kada ta ƙara sabunta kanta. Ko da me ka zo an fi ka, in ji ku. A taurin kai kam mun sallama.

Yanzu ga ka da burauzar da kake so, kowane maɓalli yana inda ka bar shi. Saura me? Saura duniya. Ka buɗe WhatsApp na kwamfuta don ka tura wa abokin cinikinka hoton sabon leshi, ya ce sai ka sabunta. Ka buɗe shafin banki, rabinsa ya fito, maɓallin shiga ya ƙi motsi. Ka ce sun haɗa baki. Ba su haɗa ba. Kuskurenka shi ne ka ɗauki burauza kamar butar alwala. Butar kakanka tana aiki har gobe domin ruwa bai sauya ba. Ita kuwa burauza tafinta ce tsakaninka da kasuwar duniya, kuma harshen kasuwar nan kullum ƙaruwa yake. Masu gina shafuka suna rubutu da sababbin kalmomi da sababbin dabaru, ba kuma za su tsaya jiran tafintan da ya bar makaranta tun 2017 ba. In ya ji abin da bai sani ba, ko ya yi shiru, ko ya fassara maka rabi. Kai da kanka ba za ka je Guwanzu sarin kaya da tafintan da ke cewa "wannan kalmar ba a yi ta ba a zamaninmu" ba.

Wannan duk mai sauƙi ne, abin dariya ne. Ga wanda ba na dariya ba, ka matso da kunne. Duk lokacin da aka fitar da sabon samfuri, masu burauza sukan wallafa jerin ɓarakar da suka toshe: ga ta inda ake iya shigowa, ga yadda muka ɗinke. Suna yi ne don masana su sani. To, ɓarayi ma sun iya karatu. Wanda ya sabunta, jerin nan tarihi ne a wurinsa. Wanda ya ƙi, taswirar gidansa ce aka manna a bakin titi, da alama a kan kowace taga da ba ta kulluwa. Daga 52 zuwa 115, wadda kwamfutarka take kai kafin ka yi mata wannan aika-aika, samfuri 63 ne, kusan kowanne da nasa jerin. Ita 52 ta kowa da kowa, wata ɗaya da 'yan kwanaki ta yi aka maye gurbinta da 53. 'Yar'uwarta ta layin haƙuri ma tun 2018 aka daina kai mata allura da zare. Kuma kada ka ce ai kai ba ka shiga wuraren banza. A Satumban 2023 an gano wata ɓaraka a yadda burauzoji ke buɗe wani nau'in hoto mai suna WebP, wadda buɗe hoton kawai ya isa a yi maka kutse. Chrome da Firefox da sauransu suka yi ta rige-rigen ɗinki cikin 'yan kwanaki. Masu sababbi aka ɗinke wa. Irin wannan in ta faɗo a kan taka, ba mai zuwa. Mutumin da ke sa kwaɗo uku a ƙofar shago, ya dawo daga bakin titi ya sake jijjiga su, shi ne zai shiga asusunsa na banki ta ƙofar zana.

Akwai ma abin da ko an bar ka da ɓarayi lafiya, lokaci ba zai bar ka ba. Kowace burauza tana dogara da takardun shaida da take tantance shafuka da maƙale-maƙale da su, kuma kowace takarda da ranar mutuwarta, kamar lasisin tuƙi. Ranar 30 ga Satumban 2021 wata babba daga cikinsu ta ƙare, tsofaffin wayoyi da kwamfutoci da yawa a duniya suka wayi gari shafukan da suka saba shiga suna ce musu ba a yarda da juna ba. Mozilla ma ta yi shela cewa ranar 14 ga Maris ɗin 2025 wata tata za ta ƙare, duk wanda ke ƙasa da lamba 128, ko ƙasa da 115.13 a layin haƙuri, maƙale-maƙalensa za su iya daina aiki. Zuma ba ta da ranar mutuwa, shi ya sa ake magani da tsohuwarta. Taka zumar da kwanan wata a gindin kwalba.

Kada ka ce na zo ne in goyi bayan Turawa a kanka. Inda kake da gaskiya zan faɗa, ko da zai yi mini ɗaci. Gudun ya yi yawa. Da can sai a shekara ba a ga sabuwar lamba ba. Daga 2011 Firefox ta koma duk mako shida, daga 2020 duk mako huɗu, Chrome ma ta bi sahu. Har sai da suka kai lamba 100 a 2022, aka shiga fargabar wasu shafuka da aka gina su karanta lamba biyu kawai za su ɗauka 10 ce, su ce wa sabuwa fil ta tsufa. Ka ga ba kai kaɗai ne lissafi ke ruɗawa ba. Sannan da yawa daga kwamfutocin da ke hannun mutanenmu na hannu ne, irin taka mai Windows 7, wadda Microsoft ta yaye tun 14 ga Janairun 2020. Chrome ta tsaya mata a lamba 109 a farkon 2023. Firefox ta tsaya a 115, sai dai ta yi ta ƙara wa'adin ɗinki a layin haƙuri saboda yawan masu irinta. Wanda yake zaune inda sabuwar kwamfuta kuɗin cefanen mako ce ba zai gane abin da ake nufi da a ce wa mutum na'urarsa mai aiki lafiya ta zama gawa ba. Wannan ƙorafi ne na gaske, kuma da shi ka zo mini da na taya ka. Amma kai ba a bar ka a baya ba. Kana kan ta ƙarshe da aka fitar wa irin kwamfutarka, ka sauka da ƙafarka ka koma ƙauye.

Da ka tambayi na gaba da kai, wato ni, da na gaya maka abin yana yiwuwa ba tare da an zubar da hawayen yaro ba. Ai neman sani a wurinmu ba sabon abu ba ne gare ku. Jami'ar da kuke taƙama da ita ma a ƙarƙashin tamu ta yi rarrafe kafin ta tsaya da ƙafarta a 1977. Da farko sai a kwafe adakar nan a ajiye a filashi, tun ba a taɓa komai ba. A je rumbun masu abin, ba shafin koren maɓalli ba, a ɗauko 52 ta layin haƙuri. Kada a ɗora ta a kan sabuwa; a ba ta ɗakinta daban, da adakarta daban, a hana ta leƙa gida. Sannan, wannan shi ne wurin da na san zai yi maka wuya, a yi mata aiki ɗaya tak: kallon kyamara. Ba banki, ba saƙo, ba duba farashin dala. Kamar tsohuwar akori-kura da ake ɗiban yashi da ita a cikin unguwa, ba wanda ke hawa da ita titin Abuja. Manyan ma'aikatu ma haka suke lallaɓa tsofaffin na'urorinsu. Don irinsu ne Microsoft ta bar wani lungu a cikin Edge da ke kwaikwayon Internet Explorer, bayan ta yi wa ita Internet Explorer ɗin ritaya ranar 15 ga Yunin 2022, tana da shekara kusan 27.

Af, ka tuna mini. Da aka yi mata ritayar nan, wani injiniya a Koriya ta Kudu ya cire kuɗi daga aljihunsa ya sa aka sassaƙa mata dutsen kabari, ya kafa a saman wani gidan shan kofi a garin Gyeongju, ya rubuta cewa ta yi amfani ƙwarai wajen sauko da wasu burauzojin. Hoton ya zaga duniya. Da na gani sai na tuna da kai, na ce ga bambancin mutane: wani ya kashe kuɗi ya binne tsohuwa da mutunci, wani ya tono ta don kada ya kashe.

Ranar Asabar in Allah ya kai mu ina shigowa Kano. Kada kowa ya ƙara taɓa kwamfutar nan kafin in iso, musamman kai. In tsohuwar ba ta tattake adakar ba, akwai yiwuwar kalmomin sirrinka suna nan kwance, sabuwa ce kawai za ta iya tashe su. Ka ba yaron nan haƙuri a gaban mutane yadda ka zarge shi a gaban mutane. Ka tanadi gurasa bandashe mai yawan ƙuli, da kuɗin motata zuwa da dawowa, da kuɗin sharar bara da ka maƙale ka ce ba canji. Sababbin takardu nake so. Tsofaffin ka riƙe, ka yi magani da su.